Yaƙin da Ke Kan Tiren Kawu

Na Allah muke, wurinSa za mu koma, wannan karon kuma Kawu ne ya yi gaba. Da hantsi aka kai shi makwancinsa, muka dawo muka shimfiɗa tabarmi a ƙofar gidansa da ke Gawon Nama. Ni ɗan ƙanwarsa ne, a hannunsa na tashi bayan rasuwar mahaifiyata, don haka ina cikin masu karɓar gaisuwa, kusa da babban ɗansa da nake kira Yaya.

Na sha zaman makoki, amma ban taɓa ganin irin wannan ba. Mutum zai zo fuska a ɗaure, ya yi addu'a, mu shafa, ya ce Allah ya ba da haƙuri. Maimakon ya tashi sai ya ƙara matsowa, ya sassauta murya, ya ce, "Wai da gaske na Baba na Runji ya sallama kahin Alhaji ya cika?" 'Yan kasuwar yadi sun tambaya, teloli sun tambaya, mahauta sun tambaya. Wata tsohuwa ta zo da sanda, ta ba mu labarin da ko Yaya bai sani ba, cewa ranar da mijinta ya rasu ba ta da abin sutura, Kawu ne ya yanko likkafani a rumfarsa ya aiko, ya ce kada a faɗi sunansa. Ta yi kuka, ta sa mu kuka. Da ta share hawaye ta kai bakin zaure sai ta waiwayo ta ce, "To, ɗiyana, wa yac ci?"

Har liman, bayan ya yi mana nasiha kan haƙuri, sai da ya ja ni gefe.

Shi kuwa Baba na Runji yana can ƙarshen tabarma, ya jingina da bango, babu kuma wanda ya yi ƙarfin halin tambayarsa. Taubashin Kawu ne, ɗan goggonsa, tsohon mahauci, muna kiransa haka ne don a Runjin Sambo yake zaune. A cikin sa'o'insu na dangi su biyu kaɗai suka rage. Wanda bai san taubasantaka ba zai ɗauka abokan gaba ne. Tun da na yi wayo ban taɓa jin ɗayansu ya gai da ɗaya ba. Baba zai shigo zaure ya ce, "Ina bawan nan nawa?" Kawu ya ce, "Ku kawo ruwa, warin kwata ya iso." Gaisuwar ke nan, kuma in mako ya wuce ba a yi ta ba, kowannensu sai ya kasa cin tuwo.

Abin da ake tambaya ko an sallama kuwa, yaƙi ne. Yaƙin yana kan wani tire.

Tiren ƙarfe ne na shayi, gefensa ya fara tsatsa. A tsakiyarsa an zana jiragen ruwa biyu irin na da, waɗanda babu inji, sai dogayen itatuwa da aka ɗaura wa manyan fararen ƙyallaye iska na tura su. Suna ɓarin wuta da igwa, hayaƙi ya turnuƙe tsakaninsu. Ɗaya ƙyallensa ya yage, ɗayan ya karkata gefe, ga wasu 'yan mutane mitsi-mitsi a cikin ruwa sun ɗaga hannu. Kawu ya samo shi ne tun yana saurayi, lokacin da yake kai wa ma'aikatan siminti yadin kaki a Kalambaina. Wani Bature da zai koma gida ya ba shi kyauta. Kawu ba ya karɓar abu bai san asalinsa ba, sai ya sa kukun Baturen ya yi masa tafinta. Kukun kuwa Turancinsa bai wuce na dafa ƙwai ba. Abin da dai aka samu shi ne, mai yagaggen ƙyalle na Ingila ne, wanda ya karkata na Sifaniya, sun haɗu a teku sun yi 'yar gwabzawa, ba wani babban yaƙi ba, ko a can ma an manta da shi. Kawu ya ce a tambaye shi wa ya ci. Bature ya yi dariya, ya ɗaga kafaɗu, ya shiga mota.

Wannan ɗaga kafaɗar ita ta cinye rayuwar dattawa biyu. Kawu ya ce kunya ce, an ci mutanensa ne shi ya sa ya kasa magana. Baba ya ce a'a, ma'anarta ita ce, wannan har sai an tambaya?

Kawu ya kama Sifaniya saboda dalilai biyu. Na farko, duk wanda ya harbi Ingilishi ɗan'uwansa ne, don bai yafe musu shigowarsu Sakkwato ba, ko da yake ko mahaifinsa bai ga abin ba. Na biyu, wani malami ya taɓa faɗa a wurin karatu cewa Sifaniya ita ce Andalus ta cikin littattafai, ƙasar manyan malamai. Da aka gaya masa ai an kori Musulmi daga can tun kafin a ƙera jiragen, sai ya ce, "Ko an kore su sun bar albarka cikin ƙasa, da itacen ƙasar anka yi jirgin." Shi kuwa Baba ya kama Ingila ne saboda dalili ɗaya tak, wato Kawu ya kama Sifaniya. Amma yana da hujja. "Mutanen da sunka zaka har nan inda babu ruwa sunka ci mu," in ji shi, "su na za a ci cikin ruwa?"

Duk Juma'a bayan an sauko, Baba zai iso da balangu a takarda, Kawu ya shiga ɗaki ya fito da tire naɗe cikin farin yadi. A ci nama, a wanke hannu, a buɗe yaƙi. Kowa da idon sana'arsa yake kallo.

"Dibi ƙyallen Ingilishi," in ji Kawu. "Ya ɓarke tun daga bisa har ƙasa. Akoko na, mai arha, ko ɗan kamfai ba ni ɗinka ma yaro da shi. Na Sihwaniya kau, dibi yadda yac cika da iska. Saƙa ta ta ƙwarai."

"Kai ƙyalle kaka dibi, ni ciki nika dibi," in ji Baba. "Dabbar da anka huda ma haƙarƙari ba ta tashi. Ga jirginka nan ya kishingiɗa awa saniyar da anka kayar, wuƙa kawai shika jira."

"Ba kishingiɗa ba ta, jahili. Kwana shika sha."

"Tun muna samari shika shan kwana guda?"

Mutanen da ke cikin ruwa ma ba su tsira ba. Kawu ya ce Ingilishi ne suke neman ceto. Baba ya ce ai daga ganin yadda suka ɗaga hannu Sifaniyawa ne, addu'a suke yi tunda ƙasar malamai ce.

Ba a shan shayi a kan tiren, ba a ɗora masa komai. Wata rana Kawu na kasuwa, matarsa, wadda muke kira Inna, ta rasa abin shanya, ta ɗauko shi ta baza kuɓewa a kai ta ajiye a rana. Ya dawo ya tarar. Ranar unguwa ta ji muryarsa. "Kuɓewa bisa Sihwaniya! Kuɓewa!" Inna ba ta ko ɗago daga tankaɗen da take yi ba, ta ce, "To bisa Ingila kaka so in baza? Ni dai na ga ruwa na, na ce bari su sha miya." Ya yi fushi ya ƙi cin abincin dare, ga shi miyar kuɓewa ce, wadda ya fi so duk duniya. Da safe aka ga kwanon a wanke tas, aka ɗora wa kyanwa laifi, har da yin tsaki.

Abin dariyar shi ne, cikinsu babu wanda ya taɓa ganin teku. Ruwa mafi girma da Kawu ya sani shi ne gulbin Rima. Wata damina muka tafi ɗaurin aure wani ƙauye a tsallake, ruwa ya cinye hanya, dole sai da kwalekwale. Kawu, mutumin da 'yan kasuwa ke kira Sarkin Yaƙin Sifaniya, ya sa ƙafa ɗaya, jirgi ya motsa, ya janye ta. Da ƙyar aka shigar da shi. Ya zauna a tsakiya, ya rufe ido, ya damƙe rigar Baba da hannu biyu, ya karanta duk surar da ya haddace har da wadda bai gama haddacewa ba. Baba kuwa sai jijjiga jirgin yake yi da gwiwa yana cewa, "Kada ka ji tsoro, kwana muka sha." Da muka sauka Kawu ya gyara hula ya ce shi ba tsoro ya ji ba, yana nazarin abin da Ingilishi suka ji ne.

Ni ma na taɓa tsoma baki. Bayan na fara koyarwa na sayi babbar waya, na ga lokaci ya yi da zan raba gardamar nan da ilimi. Na ɗauki hoton tire, na yi ta bincike. Abin da na gano shi ne irin wannan 'yar arangama tsakanin jiragen ƙasashen biyu ba ta ƙirguwa, a tekuna daban-daban, wani lokaci wannan ya kama wancan, wani lokaci su yi ta harbi har iska ta raba su kowa ya kama gabansa. Babu yadda za a gane wacce ce a kan tiren, wataƙila ma mai zanen daga kansa ya ƙago. Na zo da Juma'a na yi musu bayani dalla-dalla, ina jiran a sa mini albarka.

Kawu ya ce, "Kun jiya? Ingilishi sun ɓoye labarin. Wa ka ɓoye nasara?"

Baba ya ce, "Ba ɓoyewa ba ta. Cin ya yi musu yawa, sun gaji da rubutawa."

Sannan suka haɗu a kaina, karo ɗaya da na taɓa ganin bakinsu ya zo ɗaya. Kawu ya ce an kai ni makaranta na dawo da "wataƙila". Baba ya ce in mayar da wayar a ba ni rediyo. Ranar ko balangun ban samu ba.

Haka aka yi ta yi har Kawu ya fara ramewa. Da farko ya ce basir ne, daga baya ya ce ciwon shawara ne. Muka kai shi asibiti, aka yi gwaje-gwaje, likita ya kira ni da Yaya waje ya ce mu mayar da shi gida mu kula da shi, abin da ke cikinsa ya wuce aiki. Muka yanke shawara ba za mu gaya masa ba. Muka ce masa an ce ya huta, ya ci abinci. Ya yarda, ko kuma mun ɗauka ya yarda. Baba ya ci gaba da zuwa, yanzu kullum, yana tsayawa a bakin ƙofa yana cewa, "Bawa na kwance ubangida na tsaye, duniya ta lalace." Kawu ya mayar masa daga kan gado, murya ƙasa-ƙasa amma zagin bai rage kaifi ba.

Inna ce ta kawo shawarar. Ta ce mutumin nan ya yi rayuwarsa yana son jin kalma ɗaya, a bar shi ya ji ta kafin ya tafi. Ni da Yaya muka ga haka ne. Muka tare Baba a zaure, Inna na bayan labule.

Ya saurare mu har muka gama, ya ce, "Ba ku san abin da kuka biɗa ba."

Yaya ya ce, "Baba, magana guda ta. Mi za ta rage ka da shi?"

"Ni ba ta rage ni da komi."

Sai Inna ta fashe da kuka a bayan labule, ta ce ta roƙe shi don zumunci, kada ya bar ɗan'uwansa ya tafi da abu a rai. Baba ba ya iya jure kukan mace. Dole ya ce to.

Washegari da hantsi ya zo cikin babbar riga ta shadda, wadda sai salla yake sawa. Ya yi sallama a bakin ƙofa, cikakkiya. Ya cire takalmi, ya zauna a kan tabarma kusa da gado, ya ce, "Ina kwana, Alhaji. Yaya ƙarhin jiki?" Ina tsaye riƙe da kofin kunu, na ga Kawu ya buɗe ido yana kallonsa kamar bai gane shi ba. Baba ya ce, "Na yi nazarin tiren ga da kyau. Kai ad da gaskiya. Sihwaniya tac ci."

Mun shirya murmushi, har Yaya ya fara cewa alhamdu lillahi. Kawu bai yi murmushi ba. Ya dubi shaddar, ya dubi takalman da aka cire, ya dube mu ɗaya bayan ɗaya. Sannan ya ce, "Mi likita yac ce?"

Muka sunkuyar da kai.

"Ashe har ta kai haka," in ji shi. Ya juya fuskarsa bango. Na miƙa kunu, ya ɗaga hannu alamar in tafi da shi.

Ban taɓa jin kunya da baƙin ciki irin na wannan lokacin ba. Mun so mu faranta masa, sai muka aika masa da sanarwar mutuwarsa, kuma ta bakin mutumin da ya fi ƙauna. Mun manta abin da kowane yaro a garin nan ya sani, cewa taubashi ba ya ladabi ga taubashinsa sai in ya ga gawa.

Baba ya tashi ya fita. Na bi shi zaure, na same shi zaune. Can sai ya miƙe, ya tuɓe babbar rigar ya jefa mini, ya zura takalmansa, ya koma ciki da 'yar shara. Bai yi sallama ba. Da ƙafa ya tura ƙofar.

"Kai bawa! Tashi! Gwada ka ni yi, in ga ko da sauran hankali gare ka, ashe babu. Kai har ka yarda? Jirgin da yan nutse tun ba a haihi kakanka ba? Kihi sun cinye Sihwaniyawanka har da rawunansu!"

Inna ta toshe baki. Ni dai na ce yau mun gama kashe shi.

Sai muka ji murya daga bango. "Ba su naɗa rawani, jahili."

"To da mi malamai ka yawo?"

Kawu ya juyo a hankali. Ya ce a tayar da shi a jingina shi da matashi. Ya ce a ɗauko tire. Ya ce kuma wane ne ya bar mahauci ya shigo masa ɗaki da takalmi. Suka kama, ƙyalle da haƙarƙari, har aka kira azahar. A tsakiyar musun ya miƙo hannu ba tare da ya dube ni ba, na sa masa kofin, ya shanye kunun da ya huce. Muka koma tsakar gida muna hamdala, Yaya na cewa Allah ya taimake mu Baba ya gyara ɓarnar, tsoho ya yarda gwaji ne.

Bai ƙara tambayar abin da likita ya ce ba. Kullum Baba ya zo, kullum a yi yaƙi, ƙarfin muryar na raguwa, har safiyar da Allah ya karɓi abinSa.

Don haka masu tambaya ko Baba ya sallama, ban san amsar da zan ba su ba. Na ce musu dai Allah ya jiƙan Kawu.

Da yamma, bayan jama'a sun ragu, Yaya ya ce in raka Baba gida. Muka tari keke. Muna tafe cikin cunkoson babura, da muka kusa Runjin Sambo sai ya ce, ba tare da ya dube ni ba, "Kuna cewa ya yarda gwaji na."

Na ce, "Ai ya yarda, Baba. Har kunu ya sha."

"Kawunka ya auna yadi tun ba a haihe ka ba, ba a yi mai ƙwange. Ya san tahiya zai yi tun sa'ad da nig gaishe shi. Ya san kuma in yab bar ni haka nan, da abin zan mutu, cewa ni na kashe mai zuciya. Shi as sa yaj juyo." Ya goge fuska da hannun riga. "Kunun ga don ni yash sha shi. Ba shi ko son kunu in ya huce."

Muka sauka a ƙofar gidansa. Jikoki da maƙwabta suka taso, kowa na durƙusawa, sannu Baba, ya haƙuri Baba, Allah ya ƙara lafiya Baba. Ya tsaya yana amsawa. Na ɗaga hannu na yi addu'a, na ce Allah ya gafarta wa Kawu, ya yalwata kabarinsa, ya suturta shi kamar yadda ya suturta bayinSa a ɓoye, ya haɗa mu da shi a gidan da babu rabuwa. Aka shafa.

Baba ya ce, "Amin. Amma Ingila tac ci."

Kowa ya sunkuyar da kai cikin girmamawa. Na ga yadda ya tsaya, sai tausayi ya kama ni, na daure na ce, "Sifaniya dai, Baba."

Ya dube ni, ya ɗan yi murmushi, ya dafa kafaɗata.

"Allah shi yi maka albarka. Amma kai ɗa na, ba ka da wanga baki." Ya juya zai shiga gida, ya tsaya a bakin zaure yana laluben ƙofa. "Duk Sakkwato yau kowa gaishe ni shikai. Ba sauran mai ce mini bawa."